Shafin da Ba Shi da Ƙofar Fita

Na ga saƙonninku, har da na masu zagina. Wata a cikinku ta rubuto wai ni butulu ce, an ba ni saurayi mai aikin yi, mai ladabi, wanda uwata ke so kamar ta goya shi, amma na tsaya ina yanga sai ka ce ni kaɗai ce mace a Recife, garinmu na nan Brazil. 'Yar'uwa, na ji, na kuma gode. Ki gyara zama ki ji abin da ya faru a gidanmu ranar Lahadin nan, idan kin gama da sauran zagi a bakinki sai ki ƙaro.

Ga waɗanda yau suka fara biyo ni, sunana Jaciara, a gida Jaci. Shekarata talatin da ɗaya, likitar dabbobi ce ni, ina da ɗan asibitina a unguwar Madalena inda nake wuni da karnuka masu gudawa da kyanwoyin masu kuɗi. Ni kaɗai iyayena suka haifa, har yau kuma ina gidanmu a Casa Forte. Sai dai ba za ku gane damuwata ba sai kun san wacece uwata, Dona Marlúcia, wadda ni nake kira Mainha kamar yadda kowane ɗan garin nan ke kiran tasa uwar.

Mainha aikin ɗakin karatu ta karanta. Tana can tana jera littattafai intanet ta shigo garin nan, ni ko firamare ban shiga ba. A lokacin shafukan bankuna da na ma'aikatu kamar ɗakin tarkace suke, ka shiga neman abu ɗaya ka fito da ciwon kai. Mazan da ke haɗa shafukan suka ce mutane ne jahilai. Mainha ta ce a'a, ku ne ba ku iya jera kaya ba. Ta yayyanka kwali ƙanana, ta rubuta sunan kowane abu da ke shafin a kai, ta kira masu sayar da kifi da tsofaffin 'yan fansho ta ce su jera mata yadda hankalinsu ya ba su. Aka yi ta mata dariya, ana cewa matar nan karta take bugawa a ofis. Yau sana'ar tana da suna, tsara bayanai, har digiri ake yi a kai, kuma duk shekara sai an gayyace ta São Paulo ta yi jawabi, yara masu tabarau su yi layi suna ɗaukar hoto da ita.

Yadda take aikinta kuwa na haddace shi tun ina wasan 'yartsana. Za ta zaunar da mutum gaban shafi, ta ba shi wani ɗan aiki, ta ce ya riƙa faɗin duk abin da ke ransa da ƙarfi. Ita kuma sai ta tura hannuwanta biyu ƙarƙashin cinyoyinta ta zauna a kansu, don kada ta manta ta nuna masa inda zai danna. Duk wanda ya yi aiki a ƙarƙashinta sai ya koyi wannan zaman. Tana da dokoki biyu da ba ta wasa da su. Ta farko, mai amfani da shafi ba ya laifi, idan ya ɓata to tsarin ne ya ɓatar da shi. Ta biyu, kowane shafi sai da ƙofar fita. A kan ta biyun nan ta yi suna. Wani kamfanin waya ya taɓa ɗaukar ta aiki, suka ce ta ɓoye musu wurin da mutum zai danna ya daina hulɗa da su. Ta miƙe a gaban manyan daraktoci, ta rataya jakarta, ta ce shafin da ba a iya cewa a'a a cikinsa tarko ne, ita kuma ba maharbiya ba ce. Tun ranar 'yan sana'ar ke ce mata Uwar Ƙofa, ita kuma tana nuna kamar sunan bai dame ta ba, alhali yana rubuce a jikin kofin da take shan kofi da shi.

Kada ku ɗauka a ofis abin ya tsaya. A gidanmu kowace durowa da takarda manne a jikinta. Painho, mahaifina, Seu Aderbal, wanda ya yi ritaya daga gidan waya don ya huta, shi ne ya fi kowa shan wahala. Duk sanda Mainha ta sake tsarin kicin sai ta kira shi ta ce, “Aderbal, ka ɗauka kai baƙo ne, nemo min abin buɗe gwangwani, kana yi kana faɗin abin da kake tunani.” Shi kuma ya yi ta buɗe durowa yana cewa, “Ina tunanin da ma 'yar gidan maƙwabta na aura.” Ko a jikinta, sai ta ce an gode, wannan bayani ne mai amfani.

To wannan matar ce ta zaɓo min Ítalo. Babban ɗalibinta ne, shi zai riƙe kamfaninta idan ta ajiye aiki ƙarshen shekara. Dogo ne, da siririn gemu da tabarau mai zagaye, kullum cikin baƙar riga iri ɗaya, wai don kada zaɓen kaya ya cinye masa tunani. Bara ya fara zuwa gidanmu, wai ya zo karɓar wasu takardu, daidai lokacin cin abinci, kuma ga farantinsa an riga an ajiye. A gidan da ko cokali ba ya faɗuwa ba tare da tsari ba, wai katsam abin ya faru.

Ranar da muka fara fita, ina dawowa gida sai ga saƙonsa: “Na gode da yau. Daga tauraro ɗaya zuwa biyar, nawa za ki ba fitar tamu? Me ya kamata a gyara?” Na ba shi uku, na ce kifin ya yi gishiri. Bai ji haushi ba, ya ce ya gode da wannan bayani mai amfani. Daga baya na gano gaisuwar safe iri biyu yake turo min, ɗaya da hoton fure ɗaya babu, yana lura da wadda na fi saurin amsawa.

Na san za ku ce to me ya hana ni sallamar sa. Wani kare ne ya hana. Wata Asabar ya zo ɗaukata, sai ga shi an kawo kare mota ta buge shi, abokiyar aikina kuma ba ta nan. Ítalo ya rungume karen nan a ƙirjinsa har na gama ɗinki, jini ya jiƙa masa baƙar rigar, yana rera masa waƙa da wata murya mai kama da ƙarar tsohuwar ƙofa, hawaye na bin gemunsa. Ranar bai tambaye ni tauraro nawa ba. Zan faɗa muku gaskiya, wancan Ítalon ina son sa, so na haƙiƙa. Matsalar ba kullum yake fitowa ba.

Sai kuma Tia Neuza, yayar Mainha, wadda ke zaune da mu tun rasuwar mijinta. Ita ba ruwanta da kwamfuta, da Santo Antônio take aiki, waliyyin nan mai samo wa 'yan mata miji. Ranar da na cika talatin ta ɗauko ɗan mutum-mutuminsa ta dulmiya kansa cikin kofin ruwa, ƙafafu a sama, ta ɗora a kan firji, ta ce ba zai fito ba sai ya kawo min miji. Duk Juma'a tana canza masa ruwa tana masa faɗa. Bawan Allah har fentin fuskarsa ya fara saɓulewa.

Ranar sha biyu ga Yuni, ranar masoya a ƙasarmu, ina asibiti ina cire wa wata kyanwa ƙayar kifi a maƙogwaro, wayata ta yi ƙara. Ítalo ne. “Jaci, na haɗa miki wani abu. Ki buɗe idan kin samu natsuwa.”

Na wanke hannu na buɗe. Manhaja ce ya zauna ya haɗa, don ni kaɗai. Kiɗa mai sanyi na tashi, hotunanmu na wucewa ɗaya bayan ɗaya, ga mu a bakin teku, ga mu a bikin ƙawata, ga karen nan da bandeji. A ƙasan kowane shafi an rubuta “Ci gaba”. Ba zan yi muku ƙarya ba, ta yi kyau, har idona ya ciko. Na yi ta dannawa har na zo shafin ƙarshe.

“Jaciara, za ki aure ni?”

A ƙasa ga wani ƙaton koren maɓalli ya cinye rabin fuskar wayar, an rubuta “Eh”. Can ƙasansa da wani siririn rubutu launin toka, “Tuna min gobe”. Daga gefe kuma wani ƙarami, “Kina buƙatar taimako?” Shi ke nan. Na ja shafin sama, na ja shi ƙasa. Na danna komawa baya, ya dawo da ni kan tambayar. Na rufe wayar na sake buɗewa, ga koren nan yana kumbura yana sacewa kamar mai numfashi. Babu “A'a”, babu ko 'yar alamar rufewa a kusurwa.

Ban ce ina son in ce a'a ba, ku fahimce ni. Amma ina tsaye a tsakiyar asibitina na ji irin yadda mutum ke ji idan ya shiga ɗaki ya ji an murza makulli daga waje. Na danna “Tuna min gobe” don in samu in numfasa.

Ashe akwai wani ɗan akwati a shafin da Ítalo ya riga ya sa wa alama a madadina, wai na yarda a sanar da dangi. Kafin in ajiye wayar saƙo ya faɗa guruf ɗin danginmu: “Albishir! Jaciara ta kusa kammalawa.” Har da wani zanen layi da ya kusa cika. Nan take guruf ya kama da wuta. 'Yar kawuna ta Caruaru ta ce wane launi za mu sa. Wata goggo a Petrolina ta turo murya tana kuka tana gode wa Allah. Tia Neuza ta turo hoton ƙafafun Santo Antônio ta rubuta, “Saura ƙiris ka sha iska, tsoho.” Kowace safiya kuma sai wayata ta ce min, “Kin bar wani abu ba ki ƙarasa ba,” kamar wadda ta zuba takalma a kwandon sayayya na intanet ta gudu.

Da safiyar Juma'a na tare Mainha a kicin tana yanka gwanda.

“Mainha, kin ga abin da yaronki ya turo min?”

“Ban gani ba, amma na san aikinsa, ba ya aikin banza. Ki ƙarasa abin da kika fara mana.”

“Na kasa gane shafin.”

“Ke dai kin cika dogon tunani. Tun kina ƙarama haka kike, a kai ki shagon alewa ki wuni ba ki zaɓa ba.”

“Au, laifina ne ke nan? Ba ke kika ce mai amfani da shafi ba ya laifi ba?”

Ko ɗagowa ba ta yi ba. “Ke ba mai amfani ba ce, Jaci, ke 'yata ce. Miƙo min faranti.”

Maganar nan ta tsaya min a rai. Matar da ta yi shekaru tana zaune a kan hannuwanta tana sauraron mai sayar da kifi, ba ta taɓa zaunar da ni ta tambaye ni me nake so ba. Haushi ya cika ni, amma na miƙa mata farantin, don na riga na san abin da zan yi.

Ranar Lahadi aka tashi da ruwan sama. Mainha ta gayyaci Ítalo cin abincin rana, kuma kowa ya san ba don wake da shinkafa aka gayyace shi ba. An shimfiɗa farin mayafin tebur mai ado wanda sai Kirsimeti ake fito da shi. Ga dafaffen rogo da soyayyen busasshen nama, ga masarar bukukuwan watan Yuni tana tururi. Mainha ta sa farar rigarta ta lilin, tabarau na rataye a wuya da siririyar sarƙa, furfurarta a gyare tsaf. Tia Neuza ta sha riga mai manyan furanni da turaren da ke sa Painho atishawa, ta sauko da Santo Antônio daga kan firji ta ajiye shi a tsakiyar tebur, kusa da gishiri, wai ya ga ƙarshen wahalarsa da idonsa. Ni kuwa rawayar rigata na sa, wadda Mainha ke cewa tana ɗauke hankali daga fuskata.

Ítalo ya shigo da bolo de rolo a hannu, kek ɗin nan mai naɗi da gwaiba a ciki. Yau shuɗiyar riga ya sa, abin da ban taɓa gani ba, ga aljihun gaba ya yi tudu da wani ɗan akwati. Ya sumbaci hannun Tia, ya gaishe da Painho, ya kalle ni ya yi wani murmushi mai rawa.

Ba a kai rabin faranti ba Tia ta fara.

“To 'yar nan, waliyyi ya gaji, ni ma na gaji. Jiya wuyansa na ga ya fara tsagewa.”

“Neuza, bar ta ta ci abinci,” in ji Painho.

“Ta ci mana, wa ya hana ta? Da hannu ɗaya ake ci, ɗayan kuma ya danna.”

Mainha ta ajiye cokali. “Jaci, yaron nan ya yi haƙuri. Dangi duk sun zuba ido. Me kike jira?”

Na goge bakina, na ture farantina gefe, na ɗauko wayata na buɗe shafin na ajiye a gabanta. Sannan na gyara murya, na aro muryar da take yi wa baƙi a ofis.

“Dona Marlúcia, mun gode da kika ba mu lokacinki. Ba ke muke gwadawa ba, shafin muke gwadawa, saboda haka babu amsar da za ta zama kuskure. Ki riƙa faɗin abin da kike tunani da ƙarfi.”

Painho ya ƙware da ruwa. Mainha ta watso min harara. “Wane irin iskanci ne wannan a kan tebur?”

“Aikin ɗan kaɗan ne. Ki ɗauka ke mace ce da aka yi wa wannan tambayar, kuma ba kya so. Ki ƙi.”

Na san uwata. Za ta iya ƙin abinci, za ta iya ƙin magani, amma ba za ta iya ganin shafi a gabanta ta ƙi gwada shi ba. Ta ja tsaki, ta ɗora tabarau a hanci, ta jawo wayar. Ni kuma na tura hannuwana ƙarƙashin cinyoyina na zauna a kansu, ta kuwa gani.

“To,” in ji ta. “Ina ganin tambaya, a fili take. Rubutun ya fito. Ina ganin koren maɓalli, ya yi girma da yawa amma ba laifi. Yanzu ina neman inda zan ƙi.” Ta ja shafin ƙasa. “Ina sa ran in gan shi kusa da koren. Ba ya nan. Bari in duba sama.”

Ítalo ya matso. “Dona Marlúcia, abin da ya sa na...”

“Kai, yaro!” Painho ya ɗaga cokali, fuskarsa na walƙiya kamar wanda aka biya wa tsohon buri. “Wanda ya tsara shafi ba ya magana lokacin gwaji. Ni ma na san wannan, a kicin na koya.”

Ítalo ya koma ya zauna. Mainha ta ci gaba, amma muryarta ta fara sauka. “Na danna baya, ya dawo da ni. Ina neman alamar rufewa a kusurwa. Babu. Ina jin kamar... to, ina jin an matsa min.” Yatsarta ta bi ta kan koren maɓallin, wanda ya kumbura ya kusa taɓa ta.

“Marlúcia, ki yi hankali,” in ji Painho. “Kada ki auri yaron nan a gabana ina cin rogo.”

Tia Neuza ta ce, “Ni ban ga abin nema ba. Ga kore nan ƙato, ko makaho ya gan shi.”

Mainha ba ta kula su ba. “Ga wani rubutu, wai ina buƙatar taimako. Eh, ina buƙata. Ina sa ran a nan zan ga yadda ake fita.” Ta danna.

Ni kaina ban taɓa danna wannan ba, tsoro nake ji. Sai ga ƙarar waya daga cikin jakar Mainha da ke rataye a jikin kujera. Ta sa hannu ta ciro, sunana ne a jiki. Wato duk macen da ta rasa hanyar fita daga shafin nan ta nemi taimako, Uwar Ƙofa za a haɗa ta da ita, don ta taimaka mata ta ce eh.

Wayar ta yi ta ƙara har ta gaji ta tsaya. Ban taɓa ganin fuskar uwata haka ba. Ta cire tabarau a hankali ta kalli ɗalibinta.

“Ítalo. Wa ya koya maka wannan?”

Ya sunkuyar da kai. “Ke ce, Dona Marlúcia.”

“Ni?”

“Na same ki a ofis na ce ina son in nemi auren Jaci, ban san yadda zan yi ba. Kika ce Jaci idan aka ba ta hanya biyu sai ta kwana a mararraba, in ba ta guda ɗaya. Kika ce idan ta tsaya jan ƙafa in haɗa ta da ke.”

“Wannan maganar uwa ce, ba maganar aiki ba!”

“To ga shi ya mayar miki da ita aiki,” in ji Painho, amma wannan karon a hankali ya faɗa.

Ítalo ya juyo gare ni. Ya cire nasa tabarau, idanunsa sun yi ja, ya koma kamar ranar karen nan.

“Ba zan ɗora mata duka ba, Jaci. Na yi maɓallin a'a ɗin. Na sa shi na cire, na sa shi na cire. Na san ƙa'ida, ni nake koya wa sababbin ma'aikata. Tsoro ne kawai.”

“Ni ban ce zan danna shi ba, Ítalo,” na ce. “So nake in gan shi. Idan ba zan iya ce maka a'a ba, me za ka yi da eh ɗina?”

Ruwa na ta zuba a kan rufin baranda. Mainha ta miƙa hannu tsakiyar tebur, ta kama ƙafafun Santo Antônio ta tsamo shi daga kofin, ruwa na ɗiga a kan farin mayafin Kirsimeti.

“Marlúcia!” Tia ta dafe ƙirji. “Bai gama aiki ba! Ki mayar da shi!”

“Ya isa, Neuza. Shi ma ba a tambaye shi ba.” Ta goge masa fuska da tsumman hannunta, ta tsayar da shi da ƙafafunsa kusa da gishiri. Sannan ta juyo da kujerarta gaba ɗaya ta fuskance ni, ta yi magana da muryar nan mai taushi da na sha jin tana yi wa mutanen da ba ta sani ba.

“Jaci, idan kika zo wannan shafin, me kike son yi?”

Jama'a, na yi niyyar in ci nasara a kanta, na shirya maganganu masu zafi tun ranar Juma'a. Amma da ta yi min tambayar nan sai kawai na fashe da kuka kamar ƙaramar yarinya. Na ce, “Ban sani ba, Mainha. Ba a taɓa barina na duba ba.” Na ga bakinta ya buɗe, amsar na kan harshenta, na ga ta haɗiye ta da ƙyar kamar mai haɗiyar ƙwayar magani ba ruwa.

Ítalo ya miƙe, ya ba kowa haƙuri, ya ɗauki jakar kwamfutarsa ya fita cikin ruwa ko laima bai karɓa ba. Tia ta kwashi waliyyinta ta shige ɗaki tana mita, wai an ɓata mata aikin shekara guda. Painho ya jawo kek ɗin gabansa ya ce shi dai ba shi da laifi, bai kamata a bar shi ya bushe ba.

Wajen la'asar ruwan ya tsagaita. Ina zaune a baranda, idona a kumbure, wayata ta yi ƙara. Na buɗe. Farin shafi ne, babu kiɗa, babu hoto. Tambayar na nan yadda take. A ƙasanta maɓalli biyu, girmansu ɗaya, launinsu ɗaya, “Eh” da “A'a”. Can a kusurwar sama kuma ga 'yar alamar rufewa.

Na daɗe ina kallon su. Sannan na danna 'yar alamar nan, shafin ya rufe. Na jira in ga ko guruf ɗin dangi zai motsa, shiru. Wani irin daɗi ya ratsa ni har na yi dariya ni kaɗai. Na kira shi.

“Kana ina?”

“A mota. A ƙofar gidanku. Na kasa tafiya, a nan na gyara shi.”

“Ka bar wayar da kwamfutar a mota ka shigo. Ka tambaye ni da bakinka.”

“Me za ki ce?”

“Ban sani ba.”

Na ji ya ja numfashi. “To. Ga ni nan.”

Na ji ƙarar ƙofar mota, sannan ta ƙyauren gida. Da gaske nake ban sani ba, kuma wannan ne karo na farko da babu wanda ya riga ni sani a gidan nan. Na waiga falo. Painho na tsaye da yankin kek a hannu ya manta da shi. Tia Neuza ta leƙo da Santo Antônio naɗe cikin tawul kamar jariri. Mainha kuwa tana kan kujerar da ke fuskantar baranda, ta datse leɓɓanta har sun yi fari, idanunta cike da ƙwalla, ta zauna a kan hannuwanta biyu.